Muryata a Bakin Wata

Duk wanda ya san Kannywood ya san tsarin da muka ɗauko daga finafinan Indiya: mawaƙiya ta rera a situdiyo, jaruma ta hau kan waƙar a gaban kyamara, mai kallo kuma ya tafi da fuskar da ya gani. Haka muryoyin irin su Fati Nijar da Maryam A. Baba suka cika gidaje tun kafin jama'a da yawa su san kamanninsu. Ni Allah Ya hore mini duka biyun, ina fitowa a fim ina kuma waƙa, shi ya sa furodusoshi suke son aiki da ni, domin da kira ɗaya sun sami 'yar wasa sun sami mawaƙiya.

Abin da har yau yake ci mini rai waƙa ɗaya ce. A wani fim da na fito a matsayin ƙawar jaruma, ni na tsara baitocin, ni na rera su a wani situdiyo da ke Titin Gidan Zoo a Kano, sannan aka dunƙule kuɗin waƙar da na fitowa a fim aka sallame ni gaba ɗaya. Da na yi maganar takarda, furodusan ya ce, "Haba Hajiya, ai mu 'yan gida ne." Ranar ɗaukar hoton waƙar, jarumar ce a gaba tana motsa baki, ni kuwa ina baya cikin 'yan rawa ina taka muryata.

Fim ɗin bai yi wani tashe ba, amma waƙar ta fita, ana sa ta a gidajen biki da cikin Adaidaita Sahu. A zamanin da kasuwar faifai ta Ƙofar Wambai take ci, waƙa talla ce kawai da ake jawo mai sayen fim da ita, saboda haka babu wanda yake tunanin mallakarta. Da masu tura finafinai a waya suka durƙusar da wannan kasuwa, harkar ta koma YouTube, sai waƙa ta zama kadara mai kawo kuɗi muddin ana kallonta. Furodusan ya ɗora tawa a tasharsa da sunan jarumar a sama, babu nawa ko a ƙasa. Masu biki suka riƙa gayyatar jarumar tana mamin, wato motsa baki a kan waƙar, ana yi mata liƙi. Ban taɓa ganin laifinta ba, domin ita ma aikin da aka sa ta ta yi.

Na kai kuka wurin manyanmu na masana'anta, suka ba ni haƙuri. Wani lauya ya bayyana mini cewa dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a watan Maris na 2023, ta san da haƙƙin marubucin waƙa da na wanda ya rera ta, kuma a ƙa'ida sayar da haƙƙin mallaka ba ya tabbata sai a rubuce. Sai dai da me zan nuna cewa ni na tsara baitocin? Ainihin muryar tana kwamfutar situdiyo, takardar da na rubuta su a kai ta ɓace, shari'a tana cin kuɗi, kuma macen da ta kai furodusa kotu sunanta ya zama mai rigima, kiran aiki ya ɗauke.

Saboda haka duk yarinyar da ta zo mini da baiwa biyu, abin da nake gaya mata shi ne kada ta yarda a haɗe mata su a farashi ɗaya. A rubuta kuɗin fitowa daban, na waƙa daban, a fayyace ko sayarwa aka yi ko aro ne na wannan fim kaɗai, a kuma rubuta cewa sunanta zai fito duk inda aka ɗora waƙar. Ta karɓi kwafin muryarta kafin ta bar situdiyo, ta ajiye baitocinta a inda kwanan wata zai nuna. Tun da na fara tsayawa a kan waɗannan sharuɗɗa wasu furodusoshin sun daina kirana, amma waƙoƙin da na yi bayan nan suna kan tashata, da sunana, kuma abin da suke kawowa hannuna yake shigowa.