Lambun mangwaro a zamanin da hunturu ke saɓa alkawari

Bishiyar mangwaro ba ta fure sai ta sha wuya. Bayan ɗaukewar ruwa tana bukatar ƙishi na wata biyu zuwa uku, sannan sanyin dare ya ratsa ta, irin wanda ke saukowa wajen digiri 15, kafin tohon da ke bakin reshe ya zama fure maimakon sabon ganye. A ƙasar Kano hunturu ne ke yi mana wannan aikin kyauta. Shi ya sa iyayenmu ba su taɓa damuwa da yadda za a sa bishiya ta yi fure ba. Sun san daga Disamba zuwa Janairu lambu zai yi fari fat, ƙudan zuma su cika shi, kafin ruwan farko kuma an gama cin kasuwa.

Lambun da nake kula da shi yana yankin Bunkure, kudu da Kano, gadon mahaifinmu ne. Akwai binta siga da ɗan kamaru da paparanda, akwai gwaiba da lemo, gwanda kuma a gefen fadama. Abin da na gani a shekarun nan ba wai ruwan sama ya ragu ba ne, wata shekarar ma yawa yake yi. Lokutan ne suka rikice. Sanyi zai zo ya yi mako guda ya ɗauke, a yi zafi a tsakiyar Janairu, sannan ya dawo a Fabrairu. Bishiya ɗaya sai ka same ta da 'ya'ya masu girman ƙwai a wani reshe, fure a wani, jan sabon ganye a na uku. Furen da ya makara kuwa iskar bazara ce ke samun sa, ta busar da shi kafin ya ɗaure.

Bazarar 2024 ce ta fi fito da abin fili. Zafin ya faɗo a cikin azumi, a farkon Afrilu har garin Kayes na ƙasar Mali ya kai digiri 48.5. Mu a nan ba mu kai haka ba, amma 'ya'yan da ke ɓangaren yamma, waɗanda ranar la'asar ke duka kai tsaye, sun ƙone a kumatu, fatar ta yi baƙi ta lotsa, cikin ya yi laushi tun bai nuna ba. Kullum da safe yara su share kwando guda na ƙananan da suka zube. Shekara biyu kafin nan, a daminar 2022 da ambaliya ta ci Jigawa da sauran jihohi, ruwa ne ya kwanta a ƙasan lambun har gwanda ta ruɓe daga saiwa, lemo kuma ya riƙa zubar da ƙaro a gindi kafin ya bushe a tsaye. Fari da ambaliya a fili ɗaya, bishiya ɗaya ake so ta jure duka biyun.

Na fara ne da ƙasar da ke gindin bishiya, kuma har yau ina ganin nan ne kuɗi ya fi yin amfani. Wani mutumin Tawa da ke zuwa cin rani yana taya mu aiki shi ya kawo dabarar. Muna tsaye muna duba zaizayar da ruwa ya yi a tudun lambun sai ya ce, "Maigida, ruwan da ya wuce ta gonarka ba naka ba ne sai ka tare shi." A wajensu a Nijar an daɗe ana haƙa rami mai siffar rabin wata, bakinsa na kallon inda ruwa ke gangarowa, ƙasar da aka tono a jera ta a bayansa ta zama ganuwa. Haka muka yi wa kowace ƙaramar bishiya a kan tudu. Ruwan da a da yake wucewa da gudu ya tafi da taki, yanzu yana tsayawa ya nutse a inda ake bukatarsa.

A cikin ramin muke shimfiɗa buntun shinkafa, wanda ake samu da araha a injinan casa na Kura, a haɗa da karmami da busasshen ganyen mangwaron kansa, kaurin ya kai tafin hannu a tsaye. Wanda yake shakka ya zo da azahar a watan Afrilu ya taka ƙasar da ba a rufe ba, ba zai iya tsayawa babu takalmi ba. Sai ya tura hannu ƙarƙashin buntun: ƙasar da sanyi, da danshi, ga ƙananan saiwoyi farare sun taso har kusa da sama. Sai dai akwai gara. Kada shimfiɗar ta taɓa jikin bishiya, a bar tazarar taƙi guda a kewaye, a barbaɗa toka a wurin, a riƙa ɗagawa ana dubawa. Ƙananan dashe kuma muna shafa musu farar ƙasa a jiki don rana kada ta fasa ɓawon.

A ƙasan lambun akasin haka muka yi. Mun haƙa magudana ta fitar da ruwa zuwa rafi, gwanda ta koma kan kunya mai tsawon gwiwa, domin ita kwana biyu a cikin ruwa ya ishe ta mutuwa. Inda lemo ya mutu gwaiba na sa, tana jure kwanciyar ruwa fiye da shi.

Ban ruwa shi ne inda mutane suka fi ruɗewa. Mai lambu ya ga zafi ya ƙaru, tausayi ya kama shi, ya riƙa kwarara wa manyan bishiyoyi ruwa tun daga Nuwamba. Sakamakon shi ne ganye kore shar, babu fure. Babbar bishiya a ƙyale ta da ƙishinta daga ƙarshen damina har furen ya fito ya ɗaure. Idan 'ya'yan sun kai girman gujiya, a nan ne ruwa yake da daraja, kuma daga nan bai kamata ya yanke ba har su ƙosa, domin yankewar da dawowar ce ke sa su zube ko su tsage. Tunda fure ya daina fitowa lokaci ɗaya, ni ma na daina shayar da lambu gaba ɗaya. Kowace bishiya da nata lissafin, muna ɗaura tsumma a reshen wadda ta isa sha don masu aiki su gane.

Maganar ruwa ba ta rabuwa da maganar fetur. Da aka cire tallafi a ƙarshen Mayun 2023, litar da muke saye ƙasa da naira 200 ta haura 500 cikin 'yan kwanaki, daga baya ta wuce 1,000. Injin ban ruwa ya koma yana cin ribar lambu tun kafin a tsinki ko ɗaya. Na sayar da shanu biyu na sa famfo mai sola da tanki a kan dakali. Ban yi nadama ba, amma ina da abin faɗa a kan sola. Saboda rana ba a biyan kuɗinta, maƙwabta da yawa suna barin famfo yana zuba tun hantsi har la'asar, rabin ruwan yana tafiya a iska, rijiyoyin fadama kuma suna ja da baya tun Maris. Ruwan ƙasan nan namu ne gaba ɗaya, wanda ya zuƙe ya zuƙe har da na ɗan'uwansa. Ni da rana tanki nake cikawa, a shayar da yamma ko da asuba ta tiyo, kai tsaye cikin rami. Sababbin dashe kuma tulu muke binne musu a gefe har wuya, irin na ƙasa wanda ba a shafe ba, a cika shi a rufe bakin da kasko. Yana tsatsafowa a hankali, jarka ɗaya ta yi kwanaki.

Iska ma ta zama abin lissafi. Hadarin farkon damina yana tasowa daga gabas da ƙarfin da ke karya reshe mai ɗauke da kaya, busasshiyar iskar rani kuma daga arewa maso gabas take. A waɗannan ɓangarori biyu na jera darbejiya, da zogale a gabanta don shi yana saurin tashi. Ba sabon abu ba ne, a kwarin Majiya na Nijar tun 1975 aka fara jera darbejiya don kare gonaki daga iska. Illarta ɗaya, saiwarta ɓarauniya ce, tana bin danshi har gindin mangwaro. Duk shekara sai mun haƙa siririn rami tsakaninsu mun datse ta. Yadda nake sassabe ma ya canza: da muna buɗe bishiya sosai don rana ta shiga, yanzu ɓangaren yamma ina barin masa ganye ya yi wa 'ya'ya inuwa.

Sai batun iri, wanda ya fi kowanne ɗaukar lokaci da sa mutum tunani. Lambun da duk iri ɗaya ne, mako guda na mugun zafi zai iya tafiya da amfanin shekara. Don haka na bi tsofaffin bishiyoyin da ba sa kawo kuɗi, na sare su daidai ƙirji, da suka yi toho na yi musu aure da wasu irin, Juli da Kent da Keitt. Gindin na gida ne, ya san ƙasar, saiwarsa ta yi nisa, shi ya sa cikin shekara biyu zuwa uku sabon kan yake fara haihuwa, ba kamar dashe ba. Mai neman ingantaccen iri yana iya tuntuɓar reshen cibiyar binciken kayan lambu ta NIHORT da ke Bagauda, ba shi da nisa da mu. Na bakin titi sai an yi hattara, sai bayan shekara huɗu mutum zai san abin da ya saya.

Amma kada wani ya ɗauka masu nuna a makare, irin su Keitt, su ne mafita kai tsaye. Suna tsere wa cunkoson kasuwa, gaskiya ne, sai dai suna faɗawa bakin ƙudan mangwaro. Wannan ƙudan daga Asiya ya zo, an fara ganin sa a Kenya a 2003, cikin shekara biyu ya iso Afirka ta Yamma, kuma da zarar an yi ruwan farko yake yawaita. Macen tana huda fata ta saka ƙwai, waje lafiya lau, ka yanka ka tarar da tsutsa. Shekarar da ruwa ya sauka da wuri, Keitt ce ke fara shan kashi. Feshi barkatai ba ya maganinsa, asarar kuɗi ce da kashe ƙudan zuma. Abin da ya yi mana aiki shi ne tarko da tsafta. Gorar ruwa ta roba ake hudawa a gefe, a rataya auduga a ciki da aka jiƙa da sinadarin metil yujinol da ɗigon maganin ƙwari, ƙamshin yana janyo mazan su mutu a ciki. Duk ɗan da ya faɗi kuma a tsince shi a ranar, a ƙulle a baƙar leda a ajiye a rana ta dafa tsutsar, ko a binne shi da zurfi. In aka bar shi a ƙasa tsutsar tana shiga turɓaya ta fito ƙuda. Wahalar ita ce ƙuda bai san iyakar gona ba. Sai da muka zauna da masu lambunan da ke kewaye, bayan sallar Juma'a, muka yarda kowa ya rataya nasa, sannan aka ga bambanci.

Kasuwa ita ma ta karanci yanayin. Dillalan da ke kai kaya 'Yan Lemo a Kano a da tun bishiya na fure suke saye, su biya rabi. Yanzu babu mai sa kuɗinsa a kan fure, sai ya ga 'ya'ya sun kama, kuma ban ga laifinsu ba. Waɗanda rana ta taɓa ko suka yi ƙanƙanta, matan gida suna yanyanka su a shanya a kan raga a rufe da yadi mai shara-shara, a ci ko a sayar bayan kaka ta wuce.

Lokacin dashe na mayar da shi Yuli. Ruwan Mayu da farkon Yuni ya sha yaudarar mutane, a yi guda biyu masu kyau sannan sama ta ɗauke mako uku. Hasashen damina da hukumar kula da yanayi ta NiMet ke fitarwa a farkon shekara ina sauraron sa a rediyo, yana taimakawa wajen sanin ko shekarar mai jinkiri ce, amma ba na sa dashe a ƙasa sai na tona na ga danshi ya kai tsawon kamu.

Ayaba na haƙura da ita, shan ruwanta ya fi ƙarfin rijiyata, iska kuma ba ta raga mata. A can saman tudu inda ko mangwaro ke wahala, magarya nake gwadawa, irin mai aure da cibiyar binciken noma ta ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai ta yaɗa, wadda 'ya'yanta ke kai girman ƙaramin lemon tsami. Gindin magaryar daji ne da ya fito da kansa, kan ne kawai baƙo, kuma ba ta neman ban ruwa in ta kama. Ƙanena yana matsa mini in ƙara da dabino, tunda ga masu bincikensa nan a Dutse. Na ce masa ya bari mu ga yadda rijiyar za ta kai mu Mayu tukuna, domin dabino kansa ne ke son rana, ƙafarsa ruwa take nema.