Yadda na koyi rubutun fim daga aikin Thea von Harbou

Da wani furodusa ya ce in mayar da ɗaya daga cikin littattafaina fim, sai na shiga neman marubuciyar da ta riga ni bin wannan hanya. Neman ya kai ni Jamus ta shekarun 1920, wurin Thea von Harbou. An haife ta a 1888, ta fara da wasan daɓe, ta koma rubuta littattafai, daga baya darakta Joe May ya jawo ta harkar fim. A nan ta haɗu da darakta Fritz Lang, suka yi aure a 1922, kuma manyan finafinan da suka ɗaga sunansa a Jamus, tun daga Dr. Mabuse har zuwa M na 1931, tare suka rubuta su.

Abin da na yi shi ne na ajiye littafinta Metropolis a gefe, na kunna fim ɗin na 1927, ina tsayar da shi ina komawa shafi. A littafin tana zuba zance mai tsawo kan yadda injuna ke cin mutane. A fim ɗin kuwa, da yake ba a jin magana, sai ka ga ma'aikata jere, kai a sunkuye, masu fita suna jan ƙafa, masu shiga suna nufar lif. Can inji ya fashe, a idon Freder, jarumin fim ɗin kuma ɗan mai mulkin birnin Metropolis, ya rikiɗe ya zama dodo mai buɗaɗɗen baki yana haɗiye bayi. Kalma guda aka rubuta a allo, sunan dodon. Shafuka sun narke sun koma abin da ido zai gani.

M, fim ɗin da ke ba da labarin wani mai kashe yara, ya fi ratsa ni, don a lokacin sauti ya riga ya zo, amma ba su cika shi da surutu ba. Uwa tana ƙwala wa 'yarta Elsie kira, sai a nuna matakala ba kowa, a nuna farantin yarinyar a kan tebur ba a taɓa ba, ƙwallonta ya gangaro daga cikin ciyawa, balan-balan ɗinta ya maƙale a wayar tangaraho. Ba a nuna kisan ba, amma sai da gabana ya faɗi. Daga nan na koma kan babin da jarumata take jiran mijinta tana ta zancen zuci. Na soke shi kaf. Na bar ta zaune gaban kular tuwo, ta buɗe, ta taɓa ta ji ya huce, ta mayar da murfi, ta rage hasken fitila.

Ba komai nata na ɗauka ba. Ƙarshen Metropolis, inda aka sa shugaban ma'aikata da mai birnin suka gaisa wai zuciya ta sulhunta su, bai gamsar da ni ba. Zalunci irin wannan musabaha ba ta wanke shi, kuma shi kansa Lang daga baya ya ce bai yarda da wannan ƙarshe ba. Abin da ya fi ci mini rai shi ne, da aurensu ya mutu a 1933 Lang ya bar ƙasar, ita ta zauna ta ci gaba da rubutu ƙarƙashin mulkin Hitler, har ta shiga jam'iyyar Nazi. Bayan yaƙi sojojin Birtaniya sun tsare ta na ɗan lokaci. Ta rasu a Berlin a 1954. Ina girmama gwanintarta, wannan tabon kuma ba zan rufe shi ba.

Darasin da ya fi yi mini amfani daga almakashin masu tace fim ya fito. Da aka kai Metropolis Amurka an datse shi sosai, aka cire labarin Hel, matar da Rotwang, masanin ƙere-ƙere a fim ɗin, yake ƙauna, amma ta auri Fredersen mai birnin, ta mutu wurin haihuwa. Da ita ta fita, ƙiyayyar Rotwang ta zama hauka marar tushe. Sai a 2008 aka gano wani kwafi a Buenos Aires mai ɗauke da kimanin minti 25 da suka ɓata, aka mayar da su a 2010. Ganin haka na duba nawa rubutun, na tarar dalilin gabar kishiyoyi biyu da ke cikin labarin a fitowa ɗaya tak na ajiye shi. Na warwatsa shi wuri-wuri: a habaicin uwar miji, a wani tsohon hoto cikin adaka, a sunan da aka raɗa wa jaririya. Da aka zo tacewa an cire waccan fitowar saboda tsawo, kuma 'yan kallo sun gane abin da ya haɗa matan faɗa.