Tafiyata Delfi, inda sarakuna ke bin layin ganin bokanya

Duk mai niyyar zuwa Delfi daga Atens ya sani tafiyar yini guda ce cur zuwa da dawowa, kuma ya nemi takalmi mai riƙe ƙasa dan wurin gaba ɗaya a jikin dutse yake. Da sassafe muka fita ni da yayana da ke zaune a Girka, muka hau bas ɗin KTEL, masu jigila tsakanin garuruwa, a tashar Liyosiyon, kusan kilomita 180 ne, awa uku ba kaɗan. Farkon hanyar ba wani abun kallo, gonaki ne da masana'antu, har gyangyaɗi nayi. Sai da muka wuce Libadiya motar ta fara hawa tana nishi, kwana kan kwana, kunnena ya toshe, sai ga dutsen Farnasos ya tokare gabanmu, muka ratsa ta Arahoba, wani ƙaramin gari manne a jikin dutse mai titi ƙunci ƙunci. Daga nan minti kaɗan ne.

Abun da ya kai ni, na daɗe ina jin labarin wata mata da ake kira Fitiya, wai a Delfi ta bakinta Apolo, abun bautar Girkawan da, yake magana, kuma sama da shekara dubu mutane na tasowa daga uwa duniya dan jin me zata ce. Sarauta ce, in wata ta mutu a naɗa wata, daga cikin matan garin ake zaɓowa. Ina so in ga wane irin wuri ne ya riƙe mutane haka.

Gaskiya masu zaɓen wurin sun iya zaɓe. Bayanka wasu duwatsu ne jajaye a tsaye kaman an yanka da wuƙa, gabanka kwari ne mai zurfi cike da itatuwan zaitun har bakin teku wajen Itiya, ko kai baka yarda da komai ba sai kaji jikinka yayi wani iri. Su a labarinsu Ziyus, babban allolin nasu, wa'iyazu billah, shi ya saki mikiya biyu, ɗaya daga gabas ɗaya daga yamma, inda suka haɗu nan ne cibiyar duniya, wato Delfi kenan. Har dutse suka sassaƙa suka ajiye a matsayin cibiyar. Shi kuma Apolo ɗan Ziyus ne amma ba da uwargida Hera aka haife shi ba, da wata Leto ce, Hera kuwa kishi kaman me, ta hana Leto sakat tana da ciki. Da yaron ya taso sai yazo nan ya harbe wani ƙaton maciji Faiton da ke gadin wurin, ya gaje gidan. Yayana yana ta dariya yace "ƙanena ka lura allolin nan ba wanda ya kai su neman mata da rigimar kishiya?" Nace "Yaya ai mutane ne kawai aka cire musu mutuwa."

Daga ƙofar shiga hanya ce take hawa a karkace har zuwa ɗakin bautar, kuma nan ne na fara gane me ake ciki. Hagu da dama duk tushen wasu ƙananan ɗakuna ne da garuruwa suka gina dan ajiye kyautar da suka kawo wa Apolo, kowane gari yana so nashi ya fi na maƙwabci. Na mutanen Atens shi aka sake haɗawa yana tsaye tsaf da farin dutse, an ce da ganimar yaƙin Maraton na shekara ta 490 kafin haihuwar Annabi Isa (AS) suka gina shi. Abun dariyar, gari zai ci ɗan'uwansa da yaƙi sai yazo ya kafa abun tunawa daidai gaban na wanda ya kayar, dan ya riƙa gani yana jin haushi. Can sama kuma akwai wani ginshiƙi na tagulla, macizai uku da suka nannaɗe juna, na murnar cin Farisawa a 479 kafin haihuwar Annabi Isa (AS) ne, amma wanda ke nan kwafi ne. Na ainihin sarkin Rum Kustantin ya kwashe ya kai sabon birninsa, wato Istanbul ta yanzu, yana nan har yau a filin da ke gaban Shuɗin Masallaci a Istanbul, 'yan kasuwarmu nawa ne suka wuce ta gefensa basu san daga ina ya fito ba.

Shi ɗakin Apolon kanshi ba abun da ya rage sai daɓe da ginshiƙai kaɗan. A nan muka zauna a inuwa yayana yana karanta min allon bayani. Ashe ba kullum Fitiya ke zama ba, rana ɗaya ce a wata, ranar 7, kuma wata 9 kawai a shekara dan wai da sanyi Apolo balaguro yake. Ka duba fa, mutum ya taso daga nisan duniya a jirgin ruwa da jaki. Za'a yi wanka a marmaron Kastaliya, a biya kuɗin wata waina ta sadaka, sannan a kawo akuya a watsa mata ruwan sanyi, in ta girgiza to abun bautar ya yarda a zauna, in kuma tayi tsaye ƙiƙam tana kallon mutane sai kowa ya kama gabansa sai wani watan. Layin ma da alfarma, 'yan gari ne a gaba, sai waɗanda aka ba izinin tsallake layi, sauran kuma a yi musu ƙuri'a. Mutanen tsibirin Kiyos da suka gina babban wurin yanka a ƙofar ɗakin, a jikin dutsen aka rubuta cewa an basu wannan izinin. Ita kuma Fitiya tana can ciki a kan kujera mai ƙafa uku da reshen wani ganye a hannu, abun ya hau kanta tayi magana. Ni dai da naji haka nace wannan ai bori ne, bambancin kawai nasu har gwamnati ke aiko jakada.

Wasu masu bincike a 2001 sun ce ƙasan ɗakin akwai tsagewar dutse da wata iskar gas ke fitowa mai sa mutum ya ɗan bugu, wasu kuma sun musa. Ni ko akwai gas ko babu ba shi ya riƙe wurin ba a ganina. Wurin da 'yan kasuwa da jakadu da matuƙan jirgi daga kowace kusurwa ke zuwa su yi ta zaman jiran layi suna hira, ai masu kula da ɗakin sun fi kowa sanin abun da duniya ke ciki. Sannan ga iya baki. Kirosus sarkin Lidiya, wata daula a yankin Turkiyya ta yanzu, mai kuɗin da ake misali da shi, ya aiko da zinare tuli yana tambaya ko ya yaƙi Farisa, aka ce masa in ya yi zai rusa babbar daula. Ya tafi da murna, sarkin Farisa Sairus ya murƙushe shi, daular da ta rushe tashi ce. Da ya aiko da ƙorafi har da sarƙoƙin da aka ɗaure shi da su, sai aka ce laifinsa ne, me ya hana shi tambayar daular wa ake nufi? Kai jama'a. Talakawa kuwa tambayoyinsu basu wuce in yi aure ko kar in yi, in hau jirgi, in ba da bashi.

Inda na fi daɗewa a tsaye shi ne wata katanga a ƙasan ɗakin, duwatsu masu kusurwa barkatai an haɗa su ba siminti ko allura bata shiga. Daga nesa sai ka ɗauka ƙuraje ne a jikinta, sai ka matso ka ga rubutu ne ƙanana ƙanana ɗaruruwa, yawancinsu shaidar 'yanta bayi. Bawa zai tara kuɗinsa ya damƙa wa ɗakin bautar, sai a ce Apolo ya saye shi daga hannun ubangidansa, a sassaƙa sunansa da farashinsa da sunayen shaidu yanda ba mai iya gogewa. Da yawa kuma an saka musu sharaɗin sai sun ci gaba da hidima har ubangidan ya mutu, wato ya karɓi kuɗin kuma bai rasa aikin ba. Turawan da muke tare wucewa kawai suke suna ɗaukar hoton ginshiƙai.

Mun hau har wurin wasan kwaikwayo, daga can kana hango komai a ƙasa, filin tsere yana sama da shi kuma, inda ake gasa duk shekara huɗu, a nan gwiwata ta fara roƙon arziki. Wurin ya mutu ne a ƙarshen ƙarni na 4 bayan haihuwar Annabi Isa (AS) da sarki Tiyodosiyus na Rum ya hana bautar gumaka, har wani ƙauye Kastiri ya zauna a kansa, sai a 1892 Faransawa suka fara tono bayan an tashi ƙauyen an mai da shi gefe, shi ne garin Delfi na yanzu. A gidan tarihi akwai mutum-mutumin tagulla na wani matashi mai tuƙa keken doki da aka tono a 1896, idanunsa na nan har da gashin ido, ƙafafunsa har jijiyoyi, alhali a cikin keken ba wanda zai ga ƙafar.

Yunwa ce ta koro mu cikin gari. Gasasshen naman nasu yawanci alade ne sai ka tambaya, dan haka burodi muka ci da cukwi da zaitun da tumatir, muka yi sallah a wani lungu bayan shagon mai zuma, tsohon yana leƙenmu bai ce komai ba, da muka idar ya ɗanɗana mana zumar, yayana ya sayi kwalba biyu wai ɗaya ta Anti. Bas ɗin yamma ya cika maƙil, ni kujerar can baya na samu kusa da wasu 'yan makaranta masu surutu, haka muka taho har Atens.