Ruwa yana sauka, gona ba ta sha

Daga Daura zuwa Maraɗi, daga Gumel zuwa Damagaram, in ka tambayi manomi abin da ya sauya a damina, da wuya ya ce maka ruwa ne ya ragu kawai. Zai ce ruwa ya daina cika alkawari. A yi ruwan shuka a ƙarshen Mayu, kowa ya fita da sungumi, gero ya tsira, sai sama ta ɗauke kwana ashirin. A sake shuka. A watan Agusta kuma a yi ruwan dare ɗaya da zai kwashe kunya, ya rusa katanga, ya tsaga kwari a tsakiyar gona.

Ma'aunin ruwa ya gaskata shi. Bayan farin 1972 da 1973, da na 1983 da 1984, jimillar ruwan shekara a yankin Sahel ya ɗan farfaɗo tun daga shekarun 1990. Yadda yake zuwa ne ya canza. Wani bincike da aka wallafa a 2017, wanda ya bi hotunan tauraron ɗan adam tun daga 1982, ya nuna cewa manyan hadura masu zubar da ruwa kamar da bakin ƙwarya sun ninka sau uku a yankin. Dalilin kuwa, Sahara tana ƙara zafi fiye da ƙasashen da ke kudu da ita, wannan bambanci yana ƙara wa iskar da ke kora hadari ƙarfi, sannan iska mai zafi ta fi mai sanyi ɗaukar laima. An ga abin da wannan ke haifarwa a Satumban 2024, lokacin da madatsar Alau ta ɓalle ta cinye Maiduguri, tsohon masallacin Birnin Damagaram, ginin ƙasa, kuma ya rushe.

A gona lissafin mai sauƙi ne. Milimita ɗaya ta ruwan sama a kan hekta ɗaya lita 10,000 ce. Ruwan milimita 40 ke nan duro 2,000 ne na lita 200. In ƙasa tsirara ce, ɗigon ruwa mai ƙarfi yana dukan fuskarta, garin ƙasa ya toshe ƙofofin da ruwa ke bi, ta yi ɓawo. Daga nan ruwan sai ya bi gangare. A kan fako fiye da rabinsa na iya tafiya, ya tafi da taki da ƙasar sama. Bayan kwana uku ka tona da fartanya, ka tarar da busasshiyar ƙasa a zurfin yatsa. Don haka gona ɗaya take fama da ambaliya da fari a damina guda, kuma maganinsu ɗaya ne: a tsayar da ruwa a inda ya faɗi. Yawancin wannan aiki da rani ake yin sa, ba bayan an ga hadari ba.

Kafin komai a san irin ƙasar, domin a nan mutane da yawa ke yin asarar ƙarfinsu. Jigawa tana shan ruwa da kanta. Abokin gabarta iska ce da rashin taki. Fako da ƙasa mai tsakuwa ba sa shan ruwa. Abin da ke gyara ɗaya ba ya aiki a ɗayar.

A jigawa, babu abin da ya kai itace. Ba dashen da ake yi da biki a watan Yuli ba, a ɗauki hoto a watse, awaki su cinye kafin kaka. Ana nufin itacen da ke cikin gonar tun asali. Sabara da kalgo da gawo da magarya da aduwa da ake sassabewa kowace bazara ba su mutu ba. Saiwarsu tana nan da rai a ƙasa, wata ta shekara da shekaru, shi ya sa suke sake tohowa bayan kowane sara. A 1983 wani masanin noma ɗan Ostireliya, Tony Rinaudo, da ke aiki a Maraɗi, ya lura da haka bayan dashen da suka yi ta yi ya ƙi kamawa. Daga nan aka samo abin da mutanen Nijar suke kira sassabin zamani. An ƙiyasta cewa ya kai wajen hekta miliyan 5, da itatuwa kusan miliyan 200, mafi yawa a jihohin Maraɗi da Damagaram.

Ga yadda ake yi. Lokacin sassabe, manomi ya zagaya gonarsa ya zaɓi kututturen da zai bari, ya duba irin itacen da amfaninsa. A kowane kututture a bar toho uku zuwa biyar, waɗanda suka fi tsawo da miƙewa, a sare sauran. Waɗanda aka bari a rage musu rassan gefe daga ƙasa zuwa rabin tsawonsu, kada a wuce. In aka aske shi har sama aka bar masa tukku, iska ta karya shi ko akuya ta tanƙwaro shi, kuma ba shi da ganyen da zai ciyar da kansa. Adda ko gatari ya kasance da kaifi, a yi saran daga ƙasa zuwa sama. Saran da ya sauko daga sama yana tsage ɓawo, wurin ya zama ƙofar gara da ruɓa. A ɗaura tsumma mai launi a jikinsa don mai neman itacen girki ya san da mai shi. Bayan wata biyu zuwa shida a koma a cire sabon tohon da ya fito. Duk shekara ana iya sare ɗaya daga cikin biyar ɗin a yi girki ko a sayar, a bar wani ya maye gurbinsa.

Mai farawa ya bar kamar arba'in a hekta, ya ƙara in ya ga gonar ta ɗauka. Gawo ya fi kowa cancantar a bar shi, saboda halinsa ya saɓa wa na sauran itatuwa: da damina yake zubar da ganye, da rani yake yin kore. Ba ya yi wa gero inuwa, ganyensa taki ne, 'ya'yansa kuma abincin dabbobi ne a lokacin da harawa ta ƙare. Duk wanda ya taɓa tsayawa a gonar da ke da gawo a watan Agusta ya ga yadda geron ƙarƙashinsa ya fi na fili duhun ganye da kaurin kara. Sabara da kalgo kuwa suna tare rairayi da ganyen da iska ke kwasowa, gindinsu ya yi tudu mai taki. Amfanin da ya fi saurin bayyana shi ne a farkon damina. Guguwar da ke riga hadari tana ɗauko rairayi ta yanke jaririn gero ko ta binne shi, shi ke sa a yi shuka uku ko huɗu a shekara. Itatuwa suna karya ƙarfinta.

Abin da ke kashe sassabin zamani ba fari ba ne, mutane ne. A Maraɗi kanta, bayan an daina rabon abincin da aka haɗa da aikin a lokacin yunwar 1984, da yawa sun sare itatuwan da suka raya, sai daga baya suka dawo da kansu da suka ga bambanci. Kuma muddin manomi yana jin cewa itacen na gwamnati ne, malamin daji zai ci shi tara in ya taɓa reshe, ba zai raya shi ba. Abin ya yaɗu a Nijar ne da aka sassauta wannan, har dokar daji ta 2004 ta ba manomi ƙarin iko a kan itacen gonarsa. Garin da zai fara, sai mai gari da manoma da makiyaya da mata masu itace sun zauna sun yarda a kan wanda zai sara, da abin da za a yi wa wanda ya shiga gonar wani da dare.

A fako kuwa, sai tassa. Ramuka ne da ake haƙawa da rani, faɗin kowanne santimita 20 zuwa 30, zurfi 15 zuwa 20, tsakaninsu taku ɗaya. In an bar mita guda tsakani, hekta tana cin rami 10,000. Ƙasar da aka fitar a tara ta a gefen gangare, ta yi kamar lauje, don ta tare ruwan da ya gangaro. Wanda ya zuba ta a gefen tudu ya toshe wa raminsa hanyar ruwa. Layukan kada su daidaita, ramin layi na biyu ya faɗo a tsakanin biyu na layin farko. A kowane rami a zuba taki cikin tafi biyu, kamar giram 200 zuwa 300, wato tan 2 zuwa 3 a hekta, a yayyafa ƙasa kaɗan a kai don kada iska ta kwashe. Takin yana kiran gara, garar ta huda ƙasa ta buɗe wa ruwa hanyoyi har can ciki. A nan gara ma'aikaciya ce, ba a kashe ta. Bayan ruwan kirki na farko sai a shuka a cikin ramin.

Marigayi Yacouba Sawadogo na Yatenga a Burkina Faso ne ya inganta wannan tsohuwar dabara, wadda a can suke kira zai. A 1989 wasu manoma daga Illela ta jihar Tawa suka je suka gani, suka dawo da ita, har aka kai ga ana sayen fakon da a da ko kyauta ba mai karɓa. Amma tassa tana da sharuɗɗa. A jigawa ramin rushewa yake yi, rairayi ya cika shi. A laka ko kwari ruwa yana kwanciya a ciki, shuka ta ruɓe, musamman gero. Dawa ta fi jurewa. Ɗanyen taki yana ƙona tsiro kuma yana kawo irin ciyawa, sai wanda ya ruɓe. Rami ba taki kuwa wahala ce kawai. Aikin yana da nauyi, hekta ɗaya na iya cin awa 300 ko fiye, a cikin zafin Maris da Afrilu. Gara mutum ya yi kwatan hekta da kyau bana, ya ƙara baɗi, ko a yi gayya.

Inda fakon yake da faɗi da ɗan gangare, rabin wata ya fi sauri. Ana zana rabin da'ira mai faɗin mita 4, bakinta yana kallon tudu, a sassaƙe cikinta zurfin santimita 15 zuwa 25, a yi kunya da ƙasar a bayanta. Daga tsakiyar wannan zuwa tsakiyar na kusa mita 8, tsakanin layuka mita 4, hekta ta ɗauki 313. Kowanne baro ɗaya na taki. Kuskuren da aka fi yi shi ne kunnuwan biyu ba sa zama daidai, ruwa ya zurare ta mai ƙasa ya ɓalle kunyar, ya haɗu da na gaba, a wayi gari an haƙa wa gona kwari da hannu. Siririn tiyo mai haske da aka cika da ruwa aka ɗaure a sanduna biyu ya isa a gane daidaiton ƙasa. Da shi ake jera duwatsun tare ruwa ma, inda akwai su. Kuma daga saman gangare ake fara aiki.

Sai maganar lokacin shuka. Masana yanayi a Sahel suna ɗaukar damina ta kama in an sami milimita 20 cikin kwana uku, kuma ba a yi fiye da kwana bakwai a jere ba ruwa a wata gudan da ya biyo baya. Rabin farko manomi zai iya aunawa: ya tona, in laima ba ta kai tsawon tafin hannu ba, wannan ruwan yaudara ne. Rabi na biyu sai da hasashe, shi ya sa sanarwar hukumar hasashen yanayi ta NiMet a Najeriya da ta cibiyar AGRHYMET a Yamai suka cancanci a kasa musu kunne a rediyo. Binne ya zama caca, domin yayyafi kaɗan ya isa ya tsirar da iri ya kuma bar shi ya mutu. Mai yin sa ya yi a ɓangare ɗaya, ya ajiye iri na shuka ta biyu.

Iri mai saurin nuna yana taimakawa: a cikin gero, SOSAT da HKP suna isa a wata uku ko ƙasa da haka, Chakti da aka fitar a Nijar a 2018 ta fi su sauri. Sai dai wanda ya shuka shi shi kaɗai a gari ya yi wa tsuntsaye walima, in kuma damina ta yi tsawo zangarniya ta nuna cikin ruwa ta yi fumfuna. Kada a yar da irin gida. A raba gona, a sa wake a tsakani.

Takin zamani ya yi tsada, ba na watsawa ba ne. Murfin kwalbar lemo ɗaya na NPK 15-15-15, kamar giram 6, ya ishi rami guda. Rami 10,000 kilo 60 ke nan, buhu ɗaya da ɗan ƙari. In takin DAP ne, giram 2. Cibiyar binciken noma ta ICRISAT da ke Sadore kusa da Yamai ta daɗe tana gwada wannan. A sa shi a gefe, yatsa biyu ko uku daga irin, a cikin ƙasa mai laima. In ya taɓa iri kuma ruwa ya ɗauke, ƙona shi zai yi. A shekarar da ake shakkar farkon damina, a jira tsiro ya kama, a soka masa takin a gefe. Shi kaɗai ba ya gina ƙasa, dole a haɗa da na gida, da karan da aka bari a kwance. Kara yanzu kuɗi ne, ga dabbobi ga murhu ga danga, ba wanda zai bar shi duka. Wanda ba zai iya rufe gonarsa ba, ya shimfiɗa abin da ya samu a kan tabon da ya fara yin ɓawo, ya danne da rassan da ya cire wajen sassabe.