Fam ɗin tallafin taki da ya cinye min kuɗin riɗi

Ranar Alhamis na sayar da riɗina a kasuwar Maigatari, aka tura min naira 214,000 a asusu. Bayan isha'i muna hira a dandali sai ga saƙo a guruf ɗinmu na manoma a WhatsApp, wai fam ɗin tallafin takin noman rani, a cike kafin Asabar. Daga lambar ɗan baffana ya fito, shi ya sa hankalina ya kwanta. Ashe tun da rana an ƙwace masa WhatsApp ɗin.

Ina taɓa link ɗin wani fayil ya sauka, ƙarshen sunansa .apk, wato manhaja ce da ake sakawa a waya, ba fam ba. Wayar da kanta ta gargaɗe ni cewa wannan abu yana iya cutar da ita. Wallahi na karanta gargaɗin, amma ina tsoron kada a rufe ban shiga ba, na danna na ba shi hanya. Ya nemi izinin karanta saƙonnina, na ba shi. Ya nemi BVN da lambobin katina, na haska fitila na kwafe masa tsaf.

Washegari na je wurin mai POS zan ciri kuɗin ma'aikata. Yaron ya gwada sau biyu, ya rage murya ya ce, "Yaya, naira 1,300 ce ta rage." Na zauna a kan bencinsa, ƙafafuna sun ƙi ɗaukata.

A banki a Gumel aka toshe katin, aka kuma fahimtar da ni: izinin nan na saƙonni shi ne mabuɗin. Lambar sirrin da banki ke turowa kafin kuɗi su fita, manhajar ce ke karantawa ta miƙa wa ɓarayin. Me ya haɗa fam ɗin taki da saƙonnina? Wannan tambayar ce ban yi wa kaina ba a daren, kuma har yau ita ke hana ni barci.

Mai gyara ya wanke wayar gaba ɗaya, hotunan marigayiya Inna suka tafi. Yanzu ko wa ya turo min link, sai na kira shi na ji muryarsa. Manhajar da ba ta Play Store ba kuwa, ko yaran shagon caji ne za su tura min ta Xender, ba na karɓa. Ɗan baffana ya zo har gida yana ba ni haƙuri, na ce masa ba shi wayar ta yi wa gargaɗi ba, ni ta yi wa. Takin ranin bana, buhu biyu, bashi na ɗauko.