Likitar da ta hana Inna allura

A kudancin Jidda, daga Hindawiya zuwa Karantina har ka fita Kilo 14, da wuya ka yi tafiyar minti biyar a mota ba ka ga allon mustausaf ba, wato ƙaramin asibitin kuɗi. Wasu har rangwame suke liƙawa a ƙofa: gwajin jini kaza a riyal kaza, wankin haƙori rabin kuɗi. Ka shiga ka miƙa igama, katin izinin zama, a duba ta'amin ɗinka, wato inshorar lafiya, a kwamfuta, ka biya kasonka, a ba ka lamba. Kafin ka isa gida saƙo ya riga ka shiga waya, wai yaya ka ga hidimarmu, tauraro nawa za ka ba mu. Mu da muka san layin asibiti a gida Najeriya abin yakan burge mu, ni ma ya daɗe yana burge ni. Yanzu kuwa in na ga saƙon nan raina ɓaci yake, domin a cikin irin wannan hidima ce ƙodar mahaifiyata ta kusa lalacewa, ba tare da wani ya taɓa ɗaga mana murya ko ya ɓata mana lokaci ba.

Inna tana da hawan jini, tana shan losartan da ƙwayar nan mai sa fitsari. Sai gwiwoyi suka zo suka sa ta gaba, har sallah ta koma yi a kujera. Ta'amin ɗinta mafi araha ne, aji na C, irin wanda yawancinmu muke yanka don kawai a sabunta igama, tunda dokar inshorar lafiya ta 1999 ta ɗaure su wuri ɗaya, ba a sabunta maka sai da shi. Duk da arahar tasa akwai mustausaf da yawa a jerin kamfanin, kana da zaɓi kamar mai yawo a kasuwar Bab Makka.

A wurin Inna likitan da bai yi allura ba bai yi aiki ba. To muna zuwa zan faɗa da Larabci cewa Hajiya gwiwa take, tana son allura. Likita zai tambaya, akwai sukari, akwai hawan jini? In ce akwai hawan jini. Ya rubuta, a yi mata allurar diklofenak, a haɗa mu da ƙwayoyi, mu fito tana sa masa albarka. In ciwon ya dawo sai ta ce hannun wancan ba shi da kyau, a gwada wani. Wanin zai buɗe sabon fayil, ya yi tambayoyin nan biyu, ya ba da abin da aka nema. Cikin duk waɗanda muka gani kan ciwon nan, babu ko mutum ɗaya da ya ce wane magani take sha yanzu. Wannan tambayar ita ce har yau take tsaya mini a wuya. Ba ta cin minti ɗaya, ba ta buƙatar muwafaƙa, wato amincewar kamfanin inshora, amma ba a yi ta ba.

Takalmanta ne suka daina shiga, shi ya sa muka je wani wuri kusa da gida inda aka ce akwai likita mace. 'Yar Sudan ce, doguwa, ba ta da yawan fara'a. Na faɗi abin da na saba faɗa. Ba ta kalle ni ba, ta sunkuya ta danna babban yatsanta a ƙaurin Inna, ta ɗaga. Wurin ya lotsa ya ƙi dawowa, muna kallo. Sai ta ce yau babu allura, in koma gida in kwaso duk wani magani da ke ɗakin Inna, har wanda ya ƙare in dai kwalinsa na nan.

Raina ya ɓaci. Na ce, “Duktura, mun fa biya kashfiya.”

Ta ce, “Kuɗin dubawa ka biya, ga shi ina dubawa. Allura ba ta cikin cinikin.”

Inna da ba ta ji me aka ce ba amma ta gane an hana, sai ta fara ƙunƙuni da Hausa, wai yarinyar nan ba ta san ciwon tsufa ba. Kawai sai muka ji likitar ta ce, “Hajiya, yi haƙuri, na sani.” Da Hausa, mai ɗan karin harshen mutanen Sudan. Ashe asalinta Mai Wurno ce, garin nan na bakin Kogin Nilu kusa da Sinnar, wanda jama'ar Sarkin Musulmi Attahiru suka kafa bayan yaƙin Burmi na 1903. Ta ce da ni, “Malam, ɗan ba mu wuri.”

Ni ne ɗan fari, Inna ko sunana ba ta faɗa. Duk zuwan da muke yi asibiti ni ne bakinta, kuma ba za ta taɓa buɗe baki a gabana ta yi maganar fitsari ba. Likitocin can sun ga ɗa mai jin Larabci mai riƙe da katin biya, sai suka yi ta magana da ni suka bar mai ciwon a zaune. Cikin ɗan lokacin da na yi a waje Inna ta faɗa wa likitar abin da ta shafe watanni tana ɓoyewa: fitsarinta ya ragu, yana kumfa, kuma da gangan take ƙin shan ruwa da rana don kada ta riƙa tashi sake alwala da gwiwar nan. A zafin Jidda.

Da na kawo ledar, ta zazzage ta a kan tebur. Ta ɗauki kwali biyu, ɗaya fari da ja, ɗaya ruwan ɗorawa, sunayensu daban, daga mustausaf biyu daban. Ta sa bakin biro a ƙarƙashin babban sunan, inda ake yin ƙananan rubutu, ta ce karanta. Duka biyun diklofenak ne. Inna tana shan wannan da safe don gwiwa, wancan da dare don baya. Ga kuma ibuprofen da wata maƙwabciya ta sayo mata a saidaliya, wato kantin magani, saboda ciwon kai. Tun 2018 aka tsananta hana sayar da maganin ƙwayoyin cuta ba da takardar likita ba, tara tana kaiwa riyal 100,000, amma irin wannan maganin ciwo kowa na iya saye.

Ta yi mini bayani a kan takarda, ta zana ƙoda. Ta ce waɗannan magunguna na ciwo duk dangi ɗaya ne, suna matse jijiyar da ke kai wa ƙoda jini. Losartan yana sassauta jijiyar da jinin ke fita ta cikinta, ƙwayar fitsari kuma tana rage ruwan jiki. Kowanne da amfaninsa, amma in ukun suka haɗu a jikin tsohuwar da ba ta shan ruwa, ƙarfin da ƙoda ke tace jini da shi sai ya faɗi. Kuma su magungunan ciwon nan suna ɗaga hawan jini da kansu. Nan na gane dalilin da ya sa wani likita ya ƙara mata ƙarfin maganin hawan jini wata biyu da suka wuce, bai san abin da ke ɗaga shi yana cikin ledar ba.

Gwajin jini ya fito, lambar aikin ƙoda 38. Ta mai lafiya takan wuce 90. In ta zauna ƙasa da 60 har wata uku an shiga ciwon ƙoda mai daɗewa, in ta sauka ƙasa da 15 an fara maganar wankin ƙoda. Na zauna a mota da takardar a hannu na kasa tayar da injin.

Wani abokina ya ce in kira 937, lambar Ma'aikatar Lafiya, in kai ƙara. Lambar tana aiki, kuma mai biyan kuɗi yana da haƙƙi a ƙasar nan, ya kamata kowa ya san nasa. In ka koma kan ciwo ɗaya cikin kwana 14, muraja'a kyauta ce, kada ka yarda a sake karɓar kashfiya. Sakamakon gwajinka naka ne, ka nemi a ba ka a takarda. In asibiti ya aika neman muwafaƙa, ƙa'ida ta ce kamfani ya amsa cikin minti 60. Duk waɗannan na yi amfani da su, sun kuma tsare mini aljihu. Amma da na ɗauki waya sai na rasa me zan ce. Ba a cuce mu a fatura, wato takardar biyan kuɗi, ba, ba a wulaƙanta mu ba. Allura muka nema, allura aka ba mu. Haƙƙin kwastoma yana tabbatar maka ka samu abin da ka biya. Abin da Inna take buƙata kuwa shi ne wanda zai hana ta abin da ta biya, kuma wannan babu shi a kowace fatura.

Ban ce likitocin nan mugaye ba ne. Yawancinsu baƙi ne irinmu, a kan kwantiragi, kuma na ji daga bakin masu aiki a irin wuraren cewa ana duba yawan mutanen da kowane likita ya gani, ana duba ƙorafi. Wanda ya hana tsohuwa allura ya san ɗanta zai fita da fushi, gobe ya tafi mustausaf na gaba. Ni ma da ba ta amsa wa Inna da Hausa ba, da abin da zan yi ke nan. Amma uzuri bai kai ya hana a ce me take sha ba.

Abin da nake faɗa wa duk wanda ya zo gaida Inna shi ne, ku ɗauki ledar. Kada ku faɗi sunan magani da ka, kada ku ce ƙwaya ce fara ƙarama, ku zube kwalayen a gaban likita ko bai tambaya ba. Mai hawan jini ko sukari da ya daɗe yana shan maganin ciwo, a nemi a gwada masa ƙoda, gwajin jini ne mai sauƙi. In kai ne ɗan fari, ka tafi da ƙanwarka ko matarka, lokacin tambayoyi ka fita. Kuma in kun samu likitan da ya ce muku a'a ya faɗi dalili, ku riƙe shi, ku daina yawo.

An tsayar da magungunan ciwon gaba ɗaya, aka dakatar da ƙwayar fitsarin na ɗan lokaci, aka bar ta da farasitamol da motsa gwiwa da ɗumama ta. Likitar ta ce mata rashin shan ruwa don tsaron alwala ba ibada ba ce, ta sha ta sake. Daga bakina Inna ba za ta karɓi wannan ba, daga bakinta ta karɓa. Bayan wata uku lambar ta hau 47, alhamdu lillahi, kumburin ya saɓe. A nan ta tsaya, kuma an faɗa mana kada mu sa ran za ta koma yadda take.

Da lokacin sabunta igama ya zo bana, sai na tarar mustausaf ɗin ya fita daga jerin kamfanin ta'amin. Yanzu daga aljihuna nake biyan kashfiya, da harajin kashi 15 cikin ɗari da gwamnati ke ɗauke wa 'yan ƙasa amma mu baƙi muke biya. Ƙanena ya kira daga Kano yana faɗa, wai ga wurare na kyauta a cikin kati me ya sa zan riƙa zubar da kuɗi. Na ce masa ya aiko da nasa kason kawai, Inna ba ta canza likita.