Saƙon Baffa zuwa Karantina

Da Baffa ya ji na biya kuɗin Umra, ko zancen a yi masa addu'a bai yi ba. Aikowa ya yi aka kira ni, ya turo mini wata ƙaramar jaka da ƙafa. Daddawa ce a ciki, da kuka, da busasshiyar kuɓewa, da yaji, da man shanu a gorar roba an naɗe bakinta da leda. Ya ce, "Ka kai wa Goggonka. Tana Jidda, unguwar Karantina. Duk wanda ka tambaya ya san ta." Ya so ya ƙara da goro, na ce Baffa a yi haƙuri, an ja mana kunne a kan shiga da shi ƙasar.

Ban taɓa ganin Goggo ba. Ta tafi aikin Hajji da mijinta tun zamanin Shagari, jirgin alhazai ya dawo babu su. A gida "takari" ake ce musu, ana faɗa ana ɗan taɓe baki, alhali firjin farko da ya shigo gidanmu da kuɗinta aka saya, haka ma sarƙar zinaren da aka yi wa yayata aure da ita.

Mun tashi daga filin jirgin Malam Aminu Kano da daddare, muka sauka Jidda, mota ta wuce da mu Makka kai tsaye da haraminmu a jiki. Masaukinmu can cikin Misfala yake, bayan an bar babban titin Ibrahim Khalil an fara hawa tudu. Mu huɗu a ɗaki ɗaya. Ɗan ejan ɗin ya ce mana "kusa da Harami ne", kuma dai ba a ce ƙarya ya yi ba tunda ana hango agogon doguwar hasumiyar da ke gefen Harami ta taga. To amma agogon nan daga ko'ina a Makka ana hango shi. Tsayin hasumiyar mita 601 ne, an kammala ta a 2012 a kan tudun da ganuwar Ajyad ta Turkawa take kafin a rushe ta a 2002. Mu kam kusan rabin awa muke yi a ƙafa kafin mu isa harabar masallaci, in rana ta take kuwa sai mutum ya ji kamar ana soya masa tafin ƙafa.

A wannan zirga-zirgar na gane cewa a Makka ta yau da riyal ake auna kusanci da Ka'aba. Mai kuɗi yana kwana a saman hasumiya, ya yaye labule ya ga masu ɗawafi a ƙasa, karatun liman yana shigo masa har ɗaki ta lasifika. Mai matsakaicin ƙarfi yana bayansa. Mu muna bayan na bayan. A cikin sahu dai babu wannan zancen. Wata Asuba na tsaya tsakanin wani mai shara ɗan Bangaladash da kakinsa da wani Balarabe da ƙanshin turarensa ya bi ni har masauki, kafaɗa da kafaɗa. Ana sallamewa wannan ya nufi lifta, wancan ya ɗauki sandar gogensa.

Bayan na sauke Umra na aske kai, sai na fara cigiya. Aka ce in je Shara Mansur.

Wanda bai je Shara Mansur ba zai ɗauka ƙari ake yi. Da Magariba ta yi, sai ka rantse a Fagge kake. Hayaƙin tsire ya turnuƙe, ga mata da robobin tuwo da waina da fura, ga masu ɗinki, ga masu canji, yara na guje-guje suna zagin juna da Hausa suna ƙarasawa da Larabci. Tsiren nan har Larabawan Makka da Jidda sun karɓe shi, "siriya" suke ce masa, suna ajiye motocinsu a bakin titi suna aiken a sayo musu. Daga bayan titin kuwa unguwa ce ta hau dutse, lunguna ƙanana da matattakala, wayoyin wuta sun sarƙe a sama, ruwan wanke-wanke yana gangarowa. In ka ɗaga kai, ga koren hasken agogo can yana kallonka.

Wani dattijo mai shayi ne ya warware mini abin da ban sani ba. Ashe Hausawan nan da nake gani ana ta hira tare kashi uku ne. Akwai 'yan ƙasa, jikokin waɗanda suka zo da ƙafa da jaki ta Borno da Wadai da Darfur, suka yi shekaru a Sudan suna noma suna tara guzuri, suka tsallako Bahar Maliya ta Sawakin tun kafin a san za a sami fetur. Su ne masu "Hausawi" ko "Fallata" a ƙarshen suna. Kyaftin ɗin ƙungiyar ƙwallon Saudiyya a gasar cin kofin duniya ta 2018, Usama Hausawi, daga cikinsu yake. Akwai masu igama, wato takardar zama, waɗanda wuyansu ke hannun kafili, ubangidan da ya tsaya musu a takarda. Sai kashi na uku, waɗanda ba su da komai, kuma da yawansu nan aka haife su, nan aka haifi iyayen wasunsu. Haihuwa a ƙasar ba ta sa mutum ya zama ɗan ƙasa, ta uba ake gado. Da ido ba ka iya bambancewa. Sai an hango motar askarawa ko ta baladiyya, wato hukumar gari, a bakin layi, a nan za ka ga wanda ya ci gaba da kurɓar shayinsa da wanda ya ɗauke tire ya faɗa lungu.

Na ce masa Karantina nake son zuwa. Ya dube ni ya ajiye butarsa.

"Alhaji, yaushe rabonka da labari? Ai babu Karantina."

A daren nan na yi ta kiran gida har aka samo mini lambar ɗan Goggo ta WhatsApp. Da ya ji ko ni wane ne, sai ya fashe da dariya ya ce, "Ashe bawana ne ya zo. Yalla, taho gobe." Taubashi ko a Makka taubashi ne.

Na hau jirgin ƙasa na Haramaini daga tashar Rusaifa. An buɗe shi a 2018, tsawon layin kusan kilomita 450 daga Makka zuwa Madina, yana gudun da ya kai kilomita 300 a awa. Kafin in gama kallon duwatsu mun shiga Jidda. Shi kuwa taubashin nawa, da ya zo ɗaukata da motar ɗaukar kaya ta wurin aikinsa, ya ce bai taɓa shigarsa ba. Mutum ne mai shekara kusan arba'in, Hausarsa irin ta tsofaffin Kano ce da ya tsotsa a bakin uwarsa, amma lissafi da faɗa da Larabci yake yin su. Bai taɓa taka Najeriya ba.

Kafin mu je gida ya ce bari ya nuna mini inda aka haife shi. Muka yi kudu, wajen tashar jiragen ruwa da tsohuwar matatar mai. Ya tsaya a gefen titi ya kashe mota. Fili ne fetal, iyakar ganinka, farar ƙasa da ɓaraguzai da aka baje, sai masallaci ɗaya can tsaye shi kaɗai kamar haƙorin tsoho. Ya riƙa nuna mini da yatsa: nan ne layin mahauta, nan matan Barebari ke sayar da turaren wuta, nan makarantar allon da ya yi, nan ne ƙofarmu. Ni dai ƙasa kawai nake gani.

Sunan unguwar ya samo asali daga wurin killace alhazai da ake yi a da saboda annoba. Nan baƙin da suka zo ibada suka maƙale suka yi ta kafa bukkoki, bukka ta zama ɗaki, ɗaki ya zama gida. A ƙarshen 2021 hukuma ta fara rusau a Jidda, ta bi unguwanni kusan 60, irin su Gulail da Bitrumin da Sabil da Kandara da Nuzla Yamaniyya. Ƙungiyar Amnesty ta ce abin ya shafi mutane sama da rabin miliyan. Ya ce da safe suka tashi suka ga an fesa jan fenti a bango, kalma ɗaya, "ikhla", wato a tashi. Sai saƙo ya biyo baya da wa'adi, sai aka yanke wuta.

Gaskiya ɗaya ce, ba zan ce Karantina aljanna ba ce, shi ma bai ce ba. Da bakinsa ya lissafa mini kwatamin da ba ya bushewa, da lungun da motar asibiti ko ta kashe gobara ba ta shiga, da samarin da ƙwaya ta cinye. Hujjar da hukuma ta kafa ke nan, tana kiran irin waɗannan wurare "ashwa'iyyat", unguwannin da aka gina ba tsari. Kuma mutanen Jidda ba su manta ambaliyar watan Nuwamban 2009 ba, wadda ta ci rayuka sama da 120, mafi yawa a unguwannin talakawa da aka gina a kan hanyar ruwa. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne yadda aka raba asarar. Ɗan ƙasa mai takardar fili an ce za a biya shi ƙasa da gini. Ɗan ƙasa marar takarda, gini kawai. Baƙo kuwa, ko shekara hamsin ya yi a wurin, ba ya cikin lissafin. Maƙwabta ne da suka yi shekaru suna miƙa wa juna gishiri ta kan katanga, rana ɗaya takarda ta ware su.

Muka kama hanyar gabas, muka tsallake babban titi. Ba zan faɗi sunan unguwar da suke yanzu ba. Ɗaki biyu ne a saman wani tsohon gini, su tara a ciki, kuma hayar ta ninka abin da suke biya a da, domin mutum dubu ɗaruruwa sun fito neman ɗaki a lokaci guda, masu gidaje kuwa suka ga banza ta faɗi.

Goggo na zaune a kan katifa a ƙasa. Ina shiga na durƙusa, ta kamo fuskata da hannu biyu tana juyawa, ta ce, "Wannan ai hancin Yaya ne." Sai kuka. Da ta buɗe jakar Baffa, daddawar ta fara ɗauka, ta warware ƙullin ta kai hanci ta rufe ido, ta daɗe a haka. Jikokin suka toshe hanci suna dariya, su soyayyar kazar Albaik suka sani.

A nan na ji yadda gida ɗaya ma ya rabu. Taubashina yana da igama, an gyara masa ita lokacin afuwar 2013. Amma tun watan Yulin 2017 aka sa haraji a kan iyalan baƙi, riyal 100 a wata kan kowane mutum, ya yi ta hawa har ya kai 400 a 2020. Mata ɗaya da 'ya'ya huɗu, riyal 2,000 ke nan kowane wata kafin a sayi ko burodi. Ya ce, "Ka ga albashina ka ga wannan, ɗaya zai haɗiye ɗaya." Takardun yaran sun mutu, makaranta ta tsaya. Ƙanwarsa kuwa ba ta taɓa samun takarda ba. Shagala take yi, wato aikatau, a wani gida can arewacin gari, takan kwana shida ta dawo ranar Juma'a da abaya har ƙasa da niƙabi, gabanta na faɗuwa a kowane shingen bincike. In aka kama ta, Shumaisi za a kai ta, inda ake tsare waɗanda za a kora, daga nan a sa ta a jirgi zuwa Kano, garin da ba ta san ko hanyar Kurmi ba. Sassaucin da aka yi wa tsarin kafili a watan Maris na 2021 ma bai haɗa da masu aikin gida ba.

Da yamma ya ce ba zan koma in ce ban ga Jidda ba. Muka yi arewa. Titin Tahliya da shagunan da ko farashi ba sa liƙawa, gidaje masu dogayen katangu da bishiyoyi kore shar a garin da ruwan shansa daga teku ake tacewa, sai bakin teku inda famfon Sarki Fahad ke harba ruwa sama. Ya nuna mini inda aka yi tseren motoci na Formula 1 karo na farko a watan Disamban 2021, watan da aka sanar da aikin sabuwar tsakiyar Jidda na riyal biliyan 75. Ya ce suna jin labarin tseren suna ɗaure katifu. Ya san kowane lungu na wannan ɓangaren, domin kullum yana kai kaya, amma ta ƙofar baya. Muka sayi shayi muka zauna a kan dakali cikin iyalai masu shimfiɗa darduma, babu wanda ya ce mana kanzil. Na tuna rusau ɗin Abuja, da mutanen da aka watsa Mararraba da Suleja suke sammakon zuwa share ofisoshin Maitama, sai bakina ya mutu, na kasa yi masa irin cika bakin nan namu na "da ka dawo gida".

Kafin in tafi na koma sallama da Goggo. Ta ba ni dabino da turare da carbi na Baffa. Har na miƙe, sai ta riƙo gefen rigata ta rage murya.

"Ɗan nan, ɗakin Inna yana nan ko? In na gaji, ko aka kama ni, ina da inda zan sa haƙarƙarina?"

Gidan an sayar da shi shekara shida da suka wuce, an raba gado, an aika mata nata kason ta hannun wani ɗan Kano-Jidda. Wanda ya saya ya rushe shi ya gina shaguna hawa uku, ana sayar da wayoyi a daidai inda ɗakin Inna yake. Na dubi taubashina. Ya kawar da kai yana wasa da makullin mota.

Na ce, "Goggo, zan gaya wa Baffa."